Wa Aka Tsayar a Bakin Ƙofa?

Goggota ba ta jin Turanci, ba ta kuma taɓa taka ƙafarta gidan sinima ba. Ta zo mana daga ƙauye ganin likita saboda ciwon gwiwa, ta yi mako biyu. Wani dare aka ɗauke wuta, muna zaune a tsakar gida, ta ga na ƙura wa waya ido na yi tsit, sai ta ce, "Kai ɗan nan, me kake kallo haka kamar an dasa ka?" Na matsa kusa da ita, na mayar da fim ɗin farko. Baƙi da fari ne, babu magana, minti goma kacal. A Amurka aka yi shi a 1913, sunansa Suspense. Wata mata mai suna Lois Weber ce ta rubuta labarin, ta ba da umarni tare da mijinta Phillips Smalley, kuma ita ce ta fito a matar gidan.

Labarin ba shi da wani yawa. Gida ne a bayan gari, nesa da mutane. 'Yar aiki ta gaji da zaman kaɗaici, ta rubuta takarda ta ajiye, ta leƙa uwar ɗakinta ta kafar makulli ta gan ta da jaririnta, sannan ta fice ta kulle ƙofa, ta tura makullin ƙarƙashin tabarmar bakin ƙofa. Wani ɗan gararamba da ke wucewa ya ga fitarta. Maigida yana ofis, ya bugo waya ya ce zai yi dare. Matar ta leƙo ta tagar bene, sai aka nuna mana abin da ta gani: mutumin yana ƙasa, ya ɗago kai, idonsa cikin namu. Ta ruga ta kira mijin. A nan aka raba allon gida uku, miji a tsakiya da kan waya a kunne, matar a gefe guda tana faɗa masa, baƙon a ɗaya gefen yana shigowa. Yana shiga ya datse igiyar wayar.

Mijin ya fito a guje, ya tarar da motar wani a bakin titi, ya faɗa ciki ya ja. Mai motar ya ɗebo 'yan sanda suka dafa masa baya, su a ganinsu ɓarawo suke kora. Daga nan fim ɗin ya shiga kai-komo. Ga mota tana sheƙa gudu, ga matar tana jan kayan ɗaki tana tokare ƙofa, ga motar 'yan sanda ta bayyana a madubin gefe tana matsowa, ga mutumin da wuƙa yana hawa matakala har fuskarsa ta cika allon. Tun sa'ad da ya ɗaga tabarma Goggo ta damƙe mini hannu. "Wayyo, ya ga makullin!" Can kuma, "Baiwar Allah, ɗauki ɗanki!" Da ya fasa katakon ƙofar ɗakin ya zuro hannu yana lalube, sai ta saki salati da ƙarfi har maiɗakina ta fito da fitila tana tambayar lafiya.

Ko ɗigon jini babu a fim ɗin nan, babu kuma wanda ya fassara wa Goggo komai. Sani ne ya kama ta. Ta san inda makulli yake, matar gidan ba ta san mutumin ya gano shi ba. Ta san mijin ba ɓarawo ba ne, 'yan sanda ba su sani ba, kuma in suka tare shi a hanya shi ke nan. An ɗora mata sani, an ɗaure mata hannu, sai kallo. Duk tsohuwar da ta iya tatsuniya ta san wannan dabarar, don yara sun riga sun san Kura tana bayan ƙofa, mai zuwa buɗewa ce kaɗai ba ta sani ba. Abin da sinima ta ƙara a kai shi ne almakashi. A wancan zamani zaren fim na gaske ake yankawa da hannu a liƙe da gam, a ɗauko guntun nan a haɗa da guntun can. Mai almakashin shi ke yanke wa mai kallo abin da zai gani, da lokacin da zai gan shi, da daɗewar da zai yi yana jira.

Ba a wayi gari da wannan ƙwarewa ba. A 1903, shekarar da aka fara haska fim a Glover Hall a Legas, Edwin S. Porter ya yi wa kamfanin Edison fim ɗin fashin jirgin ƙasa, The Great Train Robbery, na kimanin minti goma sha biyu. An fi tuna shi da ɗan fashin nan mai gashin baki da ya juyo ya harba bindiga cikin fuskar masu kallo, amma a sauran fim ɗin kyamara tana tsaye daga nesa ne, kamar mai kallon wasan daɓe daga kujerar baya. Finafinan ɓarayi na wancan zamani duk tsere ne, a kori mutum ta kan katanga da rafi har a kama shi. Sai da D. W. Griffith ya fara ba da umarni a kamfanin Biograph a 1908 aka ga wanda ya zauna ya nace wa yankan nan har ya gwanance. A The Lonely Villa na 1909 ɓarayi sun yaudari maigida ya bar gida, matarsa da 'ya'yansa mata uku suna ja da baya daga ɗaki zuwa ɗaki ana ɓalla ƙofofi, shi kuma yana jin su a waya daga nesa har aka yanke ta. Labarin ya samo asali ne daga wani wasan daɓe na Faransa na 1901, Au Téléphone, wanda André de Lorde ya rubuta da abokin aikinsa. A wasan, mijin yana riƙe da kan waya yana ji aka kashe iyalinsa, babu abin da ya iya. Griffith ya sauya ƙarshen, ya sa mijin ya samu keken doki da ɗan sanda, suka iso ana gab da ɓalla ƙofa ta ƙarshe.

Wannan ceto na gab da halaka shi ya zama jarin Griffith, ya yi ta juya shi. A The Lonedale Operator na 1911 budurwa ce ta karɓi aikin mahaifinta mara lafiya a ofishin tangaraho na wata ƙaramar tashar jirgi, an kawo jakar albashin ma'aikata, 'yan gararamba biyu suka biyo kuɗin. Ta aika saƙo, saurayinta direban jirgi ya taso da kan jirgi a guje, ita kuma ta tsare ɓarayin a cikin duhu da wani ƙarfe da suka ɗauka bindiga ce. Sai bayan an kunna fitila kyamara ta matso ta nuna mana sifana ce. Na kalli wurin nan ya fi sau goma, kuma har yau ina jin daɗin da mutanen 1911 suka ji.

To, ga inda zancen ya shafe mu. Tun ranar da aka fara nuna ɓarawo a allo ake tambayar ko fim yana koya wa yara sata, kuma har gobe tambayar tana nan, a majalisa da huɗuba da gidan rediyo. Ra'ayina shi ne tambayar tana da tushe, iyaye ba su yi laifi da suka yi ta ba, amma fiye da shekara ɗari ke nan ana neman amsarta inda ba ta. Masu tacewa suna ƙirga bindiga da wuƙa da ƙyallen rufe fuska. Ƙarfin fim ɗin fargaba kuwa yana wurin mai almakashi, shi da ke zaɓar wa zai zauna a cikin ɗaki da jariri, wa za a tsayar a bakin ƙofa da wuƙa, wa kuma zai zo ceto. Wanda ya kalli abin da ya faru tsakanin 1907 da 1920 zai ga wannan ƙarara.

A 1907 birnin Chicago ya kafa doka cewa ba a nuna fim sai da izinin shugaban 'yan sanda, kuma cikin waɗanda aka fara hanawa akwai wani fim a kan 'yan fashin nan Jesse James da ɗan'uwansa. Masu gidajen kallo suka kai ƙara, kotun ƙolin jihar Illinois ta ba birnin gaskiya a 1909. A New York magajin gari McClellan ya rufe ɗaruruwan ƙananan gidajen kallo a jajibirin Kirsimeti na 1908. A Ostireliya, fim ɗin da aka yi a Melbourne a 1906 a kan ɗan fashin daji Ned Kelly, wanda ake ɗauka shi ne dogon fim na farko a duniya, ya ja jama'a ƙwarai, aka yi ta yin irinsa, har zuwa 1912 jihohi uku suka haramta finafinan 'yan fashin daji baki ɗaya. Wannan hani ya karya wa masana'antar ƙasar ƙafa tun tana rarrafe, don irin finafinan da 'yan ƙasa suka fi so ke nan.

Na Japan ya fi ba ni mamaki. Wani fim na Faransa, Zigomar, wanda Victorin Jasset ya yi wa kamfanin Éclair a 1911 a kan shugaban wata ƙungiyar ɓarayi masu rufe fuska, ya isa unguwar Asakusa ta Tokyo a ƙarshen shekarar, jama'a suka yi cincirindo. A can akwai mutum da ke tsayawa a gefen allo yana ba da labarin da bakinsa, suna ce masa benshi, kamar dai mai bayanin da ke bin motar majigi a garuruwanmu zamanin Turawa. Jaridu suka fara kuka cewa yara suna wasan Zigomar a lunguna, kamfanonin Japan suka shiga kwaikwayo, sai 'yan sandan Tokyo suka haramta shi a watan Oktoba na 1912.

A Faransa kuwa ɓarayin ne suka riga fim. A watan Disamba na 1911 'yan ƙungiyar Bonnot suka tare ma'aikacin banki a wani titin Faris, suka harbe shi, suka tsere da motar sata, a lokacin da 'yan sanda ke bin ɓarawo a keke ko a ƙafa. Sai bayan haka Jasset ya mayar da labarin fim a 1912, magadan gari da dama suka hana nuna shi. Shekara guda bayan nan Louis Feuillade ya fara Fantômas a kamfanin Gaumont, finafinai biyar tsakanin 1913 da 1914, daga littattafan Pierre Souvestre da Marcel Allain. Fantômas mugu ne mai sauya kama, yau likita, gobe alƙali, sufeto Juve da ɗan jarida Fandor suna binsa ba sa cim masa. Akwai inda suka kama shi, kowa ya riƙe hannu ɗaya, ya fizge ya bar su riƙe da hannuwan jabu. A bangon littafin farko an zana shi ya yi tsaye a kan birnin Faris da wuƙa a hannu. Da aka zo yin fastar fim ɗin sai aka cire wuƙar, aka bar hannun a dunƙule babu komai. Mutumin yana nan, birnin yana ƙarƙashin ƙafarsa, wuƙa kaɗai aka tsame.

Ba zan ɓoye abin da ke gefen masu hanawa ba. Finafinan Feuillade suna tare da mugun ne, duk wanda ya kalla ya sani. A Les Vampires, mai dogon zango kashi goma da ya fita tsakanin 1915 da 1916 ana tsakiyar yaƙin duniya na farko, babu wanda ke damuwa da ɗan jaridar da ke farautar ƙungiyar. Ido yana kan Irma Vep, wadda Musidora ta fito a matsayinta, sanye da baƙaƙen kaya tana bin rufin gidaje. Akwai fitowar da aka tara attajirai a wani biki, aka rufe ƙofofi, aka sako musu iskar sa barci, ɓarayin suka bi su ɗaya bayan ɗaya suna cire sarƙoƙi, kuma an ɗauki wurin da kyau har mutum ya manta laifi ake yi. 'Yan sandan Faris sun dakatar da fim ɗin na ɗan lokaci saboda yadda ya mayar da su abin dariya, shi kuma Feuillade ya biyo baya da Judex, inda mai rufe kamannin ya koma mai ƙwato wa wanda aka zalunta haƙƙi. Na yarda yaro zai iya fita daga irin wannan kallo yana sha'awar ƙyallen fuska. Amma Fantômas ba ƙabila ba ne, ba addini ba ne, ba unguwa ba ce. Ba shi da fuska ma. Wanda ya fito daga kallonsa babu wani maƙwabci da zai kalla ya ce ga irinsu nan.

Fim ɗin da ya yi wannan aika-aikar, Griffith ne ya yi shi, da almakashin da ya wasa a ƙananan finafinan ɓarayi. The Birth of a Nation ya fita a watan Fabrairu na 1915, kimanin awa uku, daga littafin Thomas Dixon a kan yaƙin basasar Amurka da abin da ya biyo baya. Ƙarshensa The Lonely Villa ne aka faɗaɗa. Iyalin Turawa sun maƙale a wata bukka, sojoji baƙar fata suna ɓalla ƙofa, a cikin gari kuma an tsare wata Baturiya za a yi mata auren dole. Da yawa daga waɗanda suka fito a baƙar fatar Turawa ne aka shafa wa baƙi a fuska. Masu zuwa ceto a kan dawakai su ne 'yan Ku Klux Klan cikin fararen riguna da hulunan rufe fuska. Ana yanka daga bukka zuwa dawakai, daga dawakai zuwa bukka, kowane yanki ya fi na baya gajarta, har mai kallo ya tsinci kansa yana roƙon Allah ya kawo su da wuri. Abin da ya sa Goggo salati shi ne ya sa dubban mutane tafa wa ƙungiyar da ta yi suna wajen kashe baƙar fata da dare.

An haska shi a fadar White House zamanin shugaba Woodrow Wilson. Hukumar tace finafinai ta ƙasa da ke New York ta wuce da shi bayan 'yan gyare-gyare. Ƙungiyar NAACP mai kare haƙƙin baƙar fata ta yi ta kai kuka, ɗan jarida William Monroe Trotter ya jagoranci zanga-zanga a Boston har aka kama shi, jihohi irin su Ohio da Kansas suka hana, amma a yawancin ƙasar fim ɗin ya ci kasuwar da ba a taɓa gani ba. A watan Nuwamba na 1915 William J. Simmons ya hau dutsen Stone Mountain a jihar Georgia da wasu mutane, suka cinna wa gicciye wuta, suka farfaɗo da ƙungiyar Ku Klux Klan da ta daɗe da mutuwa. Ƙona gicciye ma ba al'adar tsohuwar ƙungiyar ba ce, daga littafin Dixon da fim ɗin aka ɗauko ta. Da fim ɗin ya iso Atlanta, Simmons ya sa tallar neman mambobi a jarida kusa da tallarsa. Ba fim ne kaɗai sanadi ba, ƙiyayyar tana nan tun da can, amma zuwa tsakiyar shekarun 1920 mambobin sun kai miliyoyi, kuma sun shekara da shekaru suna haska shi don jawo sababbi. In ana neman fim ɗin da ya koya wa mutane laifi, ga shi nan da hujja. An hana fim ɗin ɓarawon jirgin ƙasa, an rufe gidajen kallon talakawa, an buɗe wa wannan ƙofar fada. An bar jaki ana dukan taiki.

Da na gane haka sai na koma kan fim ɗin Lois Weber da nake ƙauna, na tarar shi ma yana da nasa. Goggo ce ma ta fara nuna mini. Bayan an gama, an kama mutumin, miji ya rungume iyalinsa, 'yan sanda sun gane gaskiya, ta yi shiru can ta ce, "Amma ka lura, ɗan nan, da ya shiga gidan abinci ya fara nema? Yunwa ce ta shigo da shi." Gaskiyarta, kicin ya fara zuwa, ya ci abin da ya samu kafin ya ɗauki wuƙa. Ni ban taɓa tsayawa a wurin ba. A finafinan nan na Amurka, wanda ake tsayarwa a bakin ƙofa kusan kullum mara gida ne, mai yagaggen kaya da ƙasumba, irin dubban mutanen da ke bin layin dogo suna neman aikin lada a wancan zamani. Na cikin ɗaki kuwa mai bene ne, mai wayar tarho, mai 'yar aiki. Wannan bai wanke mai wuƙa ba, duk wanda aka taɓa haura wa katanga da dare ya san abin da matar nan ta ji. Sai dai in an nuna wa mutum irin wannan fuskar a bakin ƙofa sau ɗari, ranar da mai irinta ya tsaya a ƙofar gidansa neman ruwan sha, ba ruwa zai fara tunawa ba.

Shi ya sa zancen bai tsaya a Amurkar 1915 ba. Muna zamanin da garkuwa da mutane da fashin daji suka addabi yankinmu, dole kuma masu fim su taɓa abin da ke ci wa jama'a tuwo a ƙwarya. Ba na cikin masu cewa a bar kowa ya yi yadda ya ga dama. Hukumar tace finafinai ta Jihar Kano tana nan tun 2001, akwai ta ƙasa, kuma aikinsu yana da amfani. Roƙona ga masu tacewa da masu ba da umarni da mu masu kallo ɗaya ne: bayan an gama duba sutura da rawa da bindiga, a tambayi wa aka tsayar a bakin ƙofa. In kowane mai garkuwa a fim da gajerun bidiyon waya sai ya fito da sanda da malafa da harshen ƙabila ɗaya, aikin Griffith ake yi, ko da ba a harba harsashi ko ɗaya ba. Mu ma mun san ɗacin abin, don mun sha ganin yadda wasu finafinan kudu ke fito da Bahaushe, in ba maigadi mara wayo ba to mai ɗauke da bam. Fim zai iya nuna fashi daga farko har ƙarshe ya bar mai kallo da tausayin wanda aka zalunta, wani kuma ya zo da tarbiyya a baki da nasiha a ƙarshe ya bar shi da ƙin maƙwabcinsa.

Wanda ya fi kowa gane wannan a zamanin Griffith shi ne Oscar Micheaux, baƙar fata ɗan jihar Illinois, wanda ya yi aikin hidima a jirgin ƙasa, ya yi noma a South Dakota, ya rubuta littattafai yana bin gida-gida yana sayarwa, kafin ya shiga fim. A watan Janairu na 1920 ya fito da Within Our Gates. Masu tacewa a Chicago sun fara ƙin ba shi izini, suna tsoron kada ya tayar da rikici, don a watan Yuli na 1919 an yi tarzomar launin fata a birnin da ta ci rayuka 38. Da ya fita ma an yi ta yanke shi a garuruwa daban-daban, daga baya ya ɓace ɗungurungum, kamar yadda kusan kashi 70 cikin ɗari na dogayen finafinan Amurka marasa magana suka ɓace. Sai bayan shekaru masu yawa aka tsinci kwafi guda a ma'ajiyar finafinai ta Sifaniya da sunan La Negra, Laburaren Majalisar Dokokin Amurka ya gyara shi a 1993, aka mayar da rubutun cikinsa daga Sifaniyanci zuwa Turanci.

A kusa da ƙarshen fim ɗin ake ba da tarihin jarumarsa Sylvia, wadda Evelyn Preer ta fito a matsayinta. Uban riƙonta manomi ne mai noma a gonar wani Bature. An harbe mai gonar, wani Bature ne ya harbe shi, aka ɗora wa manomin. Iyalin suka gudu daji, gari ya fito farautarsu, har da mata da yara kamar masu zuwa kallon biki. Aka kama manomin da matarsa aka kai su gindin katakon rataya, ƙaramin ɗansu ya kuɓuce ya haye doki ya tsere. Sylvia kuma ta koma wani gida ɗebo guzuri, ɗan'uwan mamacin ya ritsa ta a ɗaki. Daga nan Micheaux ya ɗauki almakashin Griffith. Ya yanka daga wutar da taron ya hura don ƙona gawarwakin zuwa ɗakin da Sylvia ke kokawa tana kare kanta, ya dawo kan wutar, ya koma ɗakin. Mai kallon da ya saba yana jiran a yanka zuwa hanya a nuna masu zuwa a guje. Ba a nuna ba, don babu mai zuwa. Abin da ya tsayar da mutumin shi ne wani tabo da ya gani a ƙirjinta bayan ya yage mata riga, ya gane 'yar cikinsa ce.